Sirrin da Yatsun Injiniya Suka Riƙe

A kamfanin kowa Injiniya yake ce masa, alhali bai taɓa shiga ajin injiniyoyi ba, kuma shi da bakinsa yake faɗa wa duk wanda ya tambaya. Makarantar koyon buga tafireta ya yi, irin wadda malami yake rufe wa ɗalibi hannu da kwali don kada ya saci kallon haruffa. Daga nan ya samu aiki a wani shago yana buga wa mutane takardun neman aiki da na koke. Da kwamfuta ta kori tafireta bai zauna kuka ba, bin ta ya yi. Ya yi tsaron shagon intanet, ya koyi buɗe cikin inji, ya koyi jan waya ta cikin silin, har ya zama mutumin da ake nema idan abu ya ƙi. Hali ɗaya ya taho da shi daga zamanin tafireta bai yar ba: ba ya kallon yatsunsa idan yana rubutu. Sai ya yi ta hira da kai, idonsa cikin naka, hannuwansa na can suna zuba kamar ruwan sama a kan kwano.

Kamfanin da ya daɗe a ciki ƙarami ne, a saman wani bene, ƙasansu kantin sayar da fanka da firji. Aikinsu ajiye wa ƙananan ɗakunan gwajin jini sakamakon marasa lafiya. A ɗebi jininka a unguwarku, kafin ka isa wurin likita sakamakon ya riga ka zuwa. Sakamakon nan ba a ofishin yake kwana ba. Yana cikin wasu manyan kwamfutoci da ake kira sabar, a wani gini mai nisa da Injiniya bai taɓa takawa ba. Daga kan teburinsa yake shiga cikinsu ya share, ya gyara, ya duba lafiyarsu, ta wata hanya da masu sana'ar suke kira SSH.

Hanyar kuwa da makulli ake bin ta. Ba na ƙarfe ba, wani ɗan fayil ne da ke zaune cikin laftof ɗinka, sabar ta san shi, da ta gan shi sai ta buɗe maka. To da yake ɓarawo na iya ɗauke laftof, shi ma makullin ana kulle shi da kalmar sirri, ba ya aiki sai ka buga ta. Idan kana bugawa kuma ba abin da ke fitowa a allo, ko ɗigo ɗaya. A makance za ka rubuta ka danna, ko ta buɗe ko ta ce maka ba haka ba.

Tasa kalmar ba ta da ma'ana ko kaɗan. Tun shekarar da ya fara aiki ya sa kwamfuta ta harhaɗo masa ita, doguwa, haruffa manya da ƙanana da lambobi da alamomi a cakuɗe. Ya rubuta a 'yar takarda, ya yi ta bugawa har yatsunsa suka haddace, sannan ya fita bayan ofis ya ƙyasta mata ashana, ya murtsuke tokar da takalmi. Sunan mata ko ranar haihuwar 'ya'ya, ya ce wannan ba kalmar sirri ba ce, katin gayyata ne.

Yana da doka da kowa ya sani a ofis: ka tashi daga kujera, ko ruwa za ka sha, ka kulle allonka. Wanda ya manta, kafin ya dawo Injiniya ya zauna a kujerarsa ya aika wa kowa saƙo da sunansa cewa gobe shi zai sayo wa ofis gaba ɗaya shayi da burodi. Akanta ya saya, mai karɓar baƙi ta saya, har Manaja sai da ya saya yana dariyar yaƙe. Shi kam ba wanda ya taɓa kama shi, kuma ba don ba a yi fako ba.

Amma ba don wannan nake ganin girman mutumin nan ba. Shekara da shekaru sakamakon jinin mutane yana bi ta hannunsa, har na maƙwabta da dangi, bai taɓa buɗe ko ɗaya ya leƙa ba. Wata rana gwaggonsa ta zo har gida, ta rage murya, ta ce ya ɗan duba mata sakamakon yarinyar da ɗanta ke nema, ai ba wanda zai sani. Ya ce, "Gwaggo, ni zan sani." Ta ce dama ita ta san boko ya cinye shi, ta ɗauki jakarta ta fita. Ta daɗe ba ta amsa gaisuwarsa, shi kuma bai fasa zuwa gaishe ta ba.

Su biyu ne a ɗakin kula da sabar. Ɗayar mace ce da ta zo da digirinta da bakinta, ba ta barin ta kwana. Ya girme ta sosai, don haka tun satin farko ya sa mata Ƙanwa, ita kuma take ce masa Yaya. Sun yi shekaru tebur na kallon tebur, aiki na tafiya lafiya lau, in ban da rigima guda da ta ƙi ci ta ƙi cinyewa.

"Yaya, wai kai ba ka gajiya? Tun safe kake buga abin nan."

"Yatsunki ne ko nawa?"

"Kwamfutar nan fa da ma'ajiyar kalmomin sirri ta zo. Ka buga sau ɗaya, ka ce ta adana, shi ke nan. Ita ma a kulle take, ba ta buɗewa sai kai ka shiga da kanka."

"Wato in bai wa akwati makullinsa ya riƙe min."

"Ba haka ba ne, kai ma ka sani."

Ya sani kuwa. Ya karanta yadda ma'ajiyar take aiki fiye da yadda ita ta karanta, kuma shi ne ma yake sa sababbin ma'aikata su yi amfani da ita. Ya lura idan ka tilasta wa mutum buga doguwar kalma kullum, zai gajarta ta, ko ya cire ta gaba ɗaya, ko ya manna ta a ƙarƙashin tebur. Gara ta yi tsawo ta zauna a ma'ajiya. Wannan ga mutane ke nan. Shi kuwa Injiniya ai ba mutane ba ne. In faɗi gaskiya, girman kai ne, mai tsabta dai, amma girman kai. Yana jin daɗin yadda yatsunsa ke zubo kalmar nan cikin ƙiftawar ido, yana kallon taga.

A cikin sabar ɗin akwai wadda suke kira Tsohuwa. Ita ce ta farko da kamfanin ya mallaka, kuma a cikinta tsofaffin sakamako suke, na shekarun baya, waɗanda likita kan nema idan yana so ya ga yadda ƙodar mutum take a da da yadda take yanzu. Sauran duk sun san makullin Ƙanwa. Tsohuwa ce kaɗai ba ta san kowa ba sai Injiniya. Ƙanwa ta sha cewa ya saka nata, shi kuma ya ce ai an kusa kwashe kayan cikinta a kashe ta, a bari sai lokacin. Lokacin ya yi ta matsawa gaba, kamar yadda irin wannan lokacin ya saba.

Wata safiya ciwo ya same shi, ranar aiki, yana tsaye a kicin yana jiran ruwa ya tafasa. Kofi ya suɓuce daga hannunsa. Ya buɗe baki zai ce wa matarsa ba komai, maganar ta fito a murɗe. Matar tasa malamar firamare ce, ta 'yan aji ɗaya, kowa Malama yake ce mata. Kallo ɗaya ta yi masa ta ga gefen bakinsa ya sauka. Ba ta tsaya kururuwa ba, ta ƙwala wa maƙwabci kira ya fito da mota. Likitoci suka ce shanyewar ɓarin jiki ce, ta dama, kuma saurin da aka yi ne ya taimake shi.

Baki ya dawo. Ƙafa ta dawo tana ɗan ja. 'Yan biyunsu da suka baro jami'a a guje suka koma karatu. Hannun dama ne ya ƙi. Yatsun suna motsi, amma motsin da ba zai kashe sauro ba, cokali ma sai ya zame. Kullum da yamma Malama takan zauna gefensa a falo, ta ɗora hannun a kan nata, ta ce ya matsa, yadda likitan motsa gaɓoɓi ya nuna mata. Sai ya tattara ƙarfinsa duka ya matsa. Ta ce, "Abban 'yan biyu, cewa na yi ka matsa, ba ka gaishe ni ba."

Yana cikin wannan jinyar Manaja ya buga waya. Bayan tambayar jiki ya ce masu ginin da Tsohuwa take sun aiko, ƙarshen wata za su kwashe tsofaffin injuna, kowa ya ɗebe kayansa. Injiniya ya ce ai ƙaramin aiki ne, har ya ji daɗi an tuna da shi. Ya jawo laftof, ya buɗe ta da zanen babban yatsan hagu, ya buga umarnin shiga da yatsa ɗaya kamar sabon ɗalibi. Allo ya nemi kalmar sirri. Hannun hagu ya hau wurinsa, ya danna harafin farko, ya danna na biyu, ya tsaya cak. Na gaba na hannun dama ne. Hagun ya tsaya yana jiran ɗan'uwansa, ɗan'uwan yana kwance a cinya.

Ya ce to, bari ya tuno da ka. Ya leƙa cikin kansa ya tarar wayam. Tun ranar da ya ƙone takardar nan idonsa bai sake ganin haruffan ba, allon ma ba ya nunawa. Yatsu ne suka riƙe ta, rabi a wannan hannu rabi a wancan, a saƙe da juna, kuma hagun ba ya tuna nasa sai daman ya miƙo masa. Ya ɗora na daman a kan madannai da taimakon na hagu. Yatsun suka yi rawa a sama, ba wanda ya iya danna komai.  Ya rufe laftof ɗin a hankali don kada Malama ta ji.

Bai faɗa wa kowa ba. Mutumin da ya sa ofis guda sayen shayi saboda sakaci, da wane baki zai ce ya ɓatar da nasa makullin? Manaja ya sake kira, ya ce yana kai. Ƙanwa ta turo saƙo, ya ce jikin ne sai a hankali. Kullum idan Malama ta tafi makaranta sai ya zauna ya gwada, kullum allon ya ce ba haka ba.

Da aka ga shiru, Manaja ya zo da kansa da ledar lemo da ayaba. Mutumin kirki ne, irin masu zagaye-zagaye kafin su faɗi abu. Ya zauna a bakin kujera ya ce, "Injiniya, ba wanda zai kore ka, wa ya isa? Amma masu kamfani sun ce in ba a buɗe Tsohuwa ba, dole a kira wasu su je ginin su ciro faifan da ke cikinta su fasa kullen. Ka kuma san mutanen nan, idan suka shigo, kula da sabar gaba ɗaya suke so a ba su." Ya gyara zama, ya kalli ƙasa. "Idan akwai abin da kake so a yi maka kafin ka buɗe, ka faɗa kawai. Mun zama 'yan'uwa."

Sai a lokacin Injiniya ya gane abin da ake zato. Ana ganin riƙewa ya yi, yana ciniki da sakamakon marasa lafiya don a bar masa kujerarsa. Maganar ta soke shi fiye da duk allurar da aka yi masa a asibiti. Ya buɗe baki zai faɗi gaskiya, kunya ta rufe masa shi.

Manaja na fita maƙwabcin ya shigo, wanda ya kai shi asibiti. Tsohon ɗan ƙungiyar ƙwadago ne, ya yi ritaya amma bakinsa bai yi ba, kuma duk maganar ya ji ta taga. Ya ce, "Injiniya, ka burge ni! Kada ka buɗe. Ranar da ka buɗe, ranar za su aiko maka da agogon bango da takardar godiya. Sai sun sa hannu cewa kujerarka tana nan. Kai da hannu ɗaya, a wannan shekarun, wa zai ɗauke ka? Yara biyu a jami'a fa!"

Abin haushi, maƙwabcin bai yi ƙarya ba. Idan ya kasa buɗewa, baƙi za su shigo, aikinsa ya tafi. Idan ya buɗe ya miƙa, me ya rage da za a nema a wurinsa? Abin da ya fi ba shi tsoro kuma shi ne ya ji zaton da ake yi masa ya fi gaskiyar daɗin zama a ciki. Gara a ce masa mai wayo da a ce masa gajiyayye. Ya kwana biyu yana juya wannan, abinci ba ya shiga, Malama na lura da shi.

Ranar hutu da rana Ƙanwa ta zo, laftof ɗinta a jaka, idonta ya faɗa saboda aikin mutum biyu da take yi ita kaɗai. Ta gaishe da Malama har ƙasa, ta ƙi zama, ta tsaya a gabansa.

"Yaya, a ofis ana cewa riƙewa ka yi. Na yi faɗa da akanta a kanka, har na ce masa abin da bai kamata ba. Na ce ƙarya ne. Ka ce min ƙarya ne."

Ya kalli hannunsa na dama. 

"Ƙanwa, ban san ta ba."

"Ba ka san wa ba?"

"Kalmar. A nan take." Ya ɗaga hannun da ɗayan, ya sake shi ya koma cinya. "Ban taɓa saninta da ka ba. Su ne suka sani, su kuma ga su."

Ƙanwa ta zauna a hannun kujera ba ta san ta zauna ba. 'Yar sana'a ce, ba ta buƙaci ƙarin bayani ba. Idonta ya kawo ruwa, ta yi maza ta ɗaga kai sama. Can ta ce, "Ba zan ce na faɗa maka ba."

"Ai kin faɗa."

Malama tana bakin ƙofar kicin da tawul a hannu. Ta ce, "Wannan ne ya hana ka cin abinci? Ni na ɗauka wani mugun abu likita ya faɗa maka ka ɓoye min." Ta matso ta sa aka yi mata bayani dalla-dalla, ta saurara irin sauraren da take yi wa yaro mai in'ina. Sannan ta ce, "To ai yatsun nan ba su mutu ba. Kullum a kan hannuna suke, ina jin su. Idan hankalinka ya tafi wani wuri, tafiya suke yi, wannan ya taɓa, wancan ya taɓa. Ni na ɗauka ciwon ne." Ta jawo kujera. "Yara idan ba su iya riƙe fensir ba, hannuna nake ɗorawa a kan nasu. Yau kai za ka ɗora naka a kan nawa. Kai ka nuna, ni in danna."

Ya so ya ce ba zai yiwu ba, amma ba shi da wata dabarar da ta fi. Ya kashe intanet ɗin laftof ɗin, ya buɗe farin shafi inda haruffa za su fito ya gani. Ya jera yatsun Malama a kan madannai, kowane a gidansa, ya ɗora nasa a sama. Ya ce Ƙanwa ta juya baya. Ta juya ta fuskanci labule. Ya ce Malama ta rufe ido.

"Ni? Ni da na yi maka wanka a asibiti?"

"Wannan daban."

"Allah ya shirye ka," in ji ta, ta rufe.

Na farko shirme ne ya fito. Na biyu ma haka. Yana sa hankalinsa a kan yatsun sai su daskare, Malama kuma wani lokaci ta danna kafin a nuna mata, wani lokaci yatsa ya tura ta sama ta tafi gefe. Ya fara huci. Ta ce masa kada ya yi mata tsawa, ita ba 'yar aikinsa ba ce, ya sake gwadawa. Suka yi ta yi har shayin da ta haɗa wa baƙuwa ya huce.

Ƙanwa ce, fuskarta a labule, ta gane inda matsalar take. Ta ce, "Yaya, ka san na canja tsarin nan da ka yi na kwafe bayanai kowane dare? Na ga naka ya tsufa."

"Kin yi me?"

"Na goge shi. Dama ba ya da kyau."

"Ba ya da kyau? Tsarin da bai taɓa faɗuwa ba ko sau ɗaya? Ke da wa kuka yi shawara?" Ya juyo gaba ɗaya yana kallon bayanta, jijiyar wuya a tashe. Yana cikin faɗan Malama ta ji yatsun sun tashi a kan nata, a jere, ba gardama, hagun na amsawa daga can gefe. Ta bi su ba ta numfashi. Da suka tsaya ta ce a hankali, "Abban 'yan biyu, duba allo."

Ya duba. Layi guda ne dogo, mummuna, ba kai ba gindi. Bai gane shi da ido ba, amma ƙirjinsa ya buga. Ƙanwa ta ce ƙarya take yi, ba ta taɓa masa tsarinsa ba, amma tana da wasu laifuffukan na gaske idan yana so. Ta yi ta jero su, shi yana faɗa, yatsu na tafiya. Layuka suka taru a shafin, kusan iri ɗaya, sai harafi ɗaya ko biyu da suka bambanta inda yatsan Malama ya zame. Ya zauna ya gwama su, ya zaɓi wanda ya fi yawan fitowa a kowane gurbi. Ya mayar da intanet, ya kira Tsohuwa, ya kwafi layin da yatsa ɗaya na hagu, harafi bayan harafi. Ta ce ba haka ba. Ya canja ƙaramin harafi ya mayar da shi babba. Ta ce ba haka ba. Ya canja wata alama kusa da ƙarshe, ya danna.

Tsohuwa ta buɗe.

Bai yi ihu ba. Ya sunkuyar da kai, kafaɗarsa na rawa, Malama ta dafa bayansa, idonta har yanzu a rufe don ba a ce ta buɗe ba. Da ya ɗago, abu na farko da ya yi shi ne ya buga umarnin da ke sa kwamfuta ta adana kalmar a ma'ajiyarta. Bai tambayi Ƙanwa yadda ake yi ba, ya san shi sarai. Ya fita daga Tsohuwa ya sake shiga don ya gwada, ta buɗe ba ta tambaye shi komai ba. Ya goge farin shafin tas, sannan ya ce Ƙanwa ta juyo, Malama ta buɗe ido.

"Ƙanwa, turo min rabin makullinki, wanda ake sakawa a sabar don ta gane ki."

Ta buɗe jaka, sai kuma ta tsaya. "Yaya, tsaya tukuna. Idan ka saka nawa, ba su da sauran abin nema a wurinka. Ni na ji abin da ake cewa a sama. Ka bari su fara yi maka magana a rubuce, ni ba zan ce ta buɗe ba."

Ya kalli Malama. Ita ce za ta ɗauki gidan a albashin malamar firamare idan abin ya tafi yadda maƙwabci ya faɗa, kuma ta sani. Fuskarta ta nuna tsoro, ba ta ɓoye ba. Ta ce, "Ni dai hannu na ara maka. Sauran naka ne."

"Jinin mutane ne a ciki," in ji shi. "Da ciwon nan ya ɗauke ni gaba ɗaya fa? Turo, Ƙanwa, tun kafin zuciyata ta fara ba ni shawara."

Ta turo. Ya saka shi da yatsa ɗaya, a hankali, ya duba ya sake dubawa. Ya ce ta gwada daga nata. Ta ɗora laftof ɗinta a cinya ta buga, ta ɗan jira, sannan ta gyaɗa kai.

Ya ce Malama ta miƙo masa waya. Manaja ya ɗauka da sauri.

"Yallaɓai, Tsohuwa ta buɗe. Ƙanwa tana ciki yanzu haka da nata makullin, ko ina nan ko ba na nan za ta kwashe muku komai kafin ƙarshen wata. Kuma ina so ka sani, ka faɗa wa masu kamfani, ba riƙewa na yi ba. Kasawa na yi, kunya ta hana ni faɗa."

Bai jira amsa ba, ya ci gaba.

"To yanzu da ba abin da kuke nema a hannuna, sai mu yi maganar aikina. Hannu ɗaya gare ni, kan kuma yana nan yadda ka san shi. Kada ka zagaya da ni, Yallaɓai. Kuna so ko ba kwa so?"

Ya ajiye wayar a kan tebur, ya buɗe muryar don matarsa ta ji amsar tare da shi.